Ƙera Kayan Nano ko Auna Gurɓatar Muhalli: Wace Hanya Ɗalibar Kimiyyar Sinadarai Za Ta Bi?

Ɗalibar da ta kammala digirin farko a kimiyyar sinadarai, ta gama hidimar ƙasa, kuma zuciyarta ta kwanta da cewa bincike a kan ruwa da ƙasa da iska shi ne aikin da za ta riƙe, takan tarar da hanya ta rabu biyu a gabanta tun ranar da za ta cike takardar neman gurbin digiri na biyu. Hanya ta farko ita ce ƙera kayan nano, wato haɗa ƙwayoyi masu matuƙar ƙanƙanta a ɗakin gwaji domin su tsotse guba ko su farfasa ta. Ta biyu ita ce awo, wato gano wace guba ce ke cikin rijiya ko gona ko jinin yaro, nawa ce, kuma daga ina ta fito. A kan takarda hanyoyin sukan yi kama da juna, domin taken bincike ɗaya yana iya ɗaukar kalmomin duka biyun. Amma yadda ranar aiki take, da na'urorin da ake dogaro da su, da inda mutum zai sami abin yi bayan shekara biyar, duk sun sha bamban, kuma ya kamata ɗaliba ta san bambancin kafin ta sa hannu.

Nanomita ɗaya shi ne abin da ake samu idan aka raba mita gida biliyan ɗaya, kuma kaurin silin gashin kai yakan kai kimanin nanomita 80,000. Kayan nano su ne waɗanda girmansu ke tsakanin nanomita 1 zuwa 100, inda abu yakan sauya hali saboda da yawa daga cikin ƙwayoyin zarrarsa sun koma fuskarsa ta waje suna cuɗanya da abin da ke kewaye. Zinariya ce misalin da ya fi saurin shiga ido. Mai bincike takan ɗora ruwan gishirin zinariya, mai launin rawaya-rawaya, a kan wuta har ya tafasa, sannan ta zuba masa sinadarin sitiret tana juyawa. Cikin 'yan mintoci launin zai ɓace, ya yi duhu, daga nan ya koma ja kamar zoɓo, alamar cewa ƙwayoyin zinariya masu girman nanomita 15 zuwa 20 sun haɗu a cikin ruwan. Idan ta barbaɗa gishirin girki kaɗan, jan zai juya zuwa shuɗi-shuɗi domin ƙwayoyin sun dunƙule. Michael Faraday ya bayyana irin wannan jar zinariya a 1857, hanyar sitiret ɗin kuwa John Turkevich da abokan aikinsa ne suka wallafa ta a 1951. Duk wadda ta ga wannan sauyi da idonta za ta fahimci abin da ke jan mutane zuwa fannin, domin da hannunta ta yi abin da babu shi ɗazu.

Ranar mai awo ba ta da irin wannan armashi, kuma takan fara tun kafin a isa bakin ruwa. Kwalaben roba sai an jiƙa su cikin asid an ɗauraye da tataccen ruwa, domin ƙazantar kwalba kaɗai ta isa ta ɓata sakamako. A bakin kogi ko rijiya za ta ɗauraye kwalbar da ruwan wurin, ta ɗiba, ta ɗiga asid ɗin naitirik har tsamin ruwan ya sauka ƙasa da lamba 2 a ma'aunin pH don kada ƙarafan su manne a jikin kwalba, ta rubuta wuri da rana da lokaci, sannan ta sa a akwatin ƙanƙara. Za ta kuma tafi da kwalba ɗaya mai tataccen ruwa zalla, ta bi da ita duk matakan da sauran suka bi, domin idan aka ga dalma a cikinta daga baya, to laifin na aikinta ne, ruwan garin bai da hannu. Wasu sinadaran suna da haƙuri, kamar yawancin ƙarafa da sukan jira har wata shida idan an sa musu asid, wasu kuma ba su da shi, kamar naitiret da ake so a auna cikin kwana biyu. Aiki ne na natsuwa da maimaici, kuma duk darajarsa tana ga amanar lambar da ta fito a ƙarshe.

Babban abin da ke raba hanyoyin biyu a jami'o'inmu shi ne na'ura, kuma nan ne ya fi cancanta a dakata. Haɗa ƙwayoyin nano ba shi da tsada sosai. Tabbatar da abin da aka haɗa shi ne mai cin kuɗi. Mai bincike ba ta da ikon cewa ƙwayoyinta nanomita 20 ne sai ta gan su da madubin lantarki na TEM, ba ta san tsarin ginin cikinsu ba sai da na'urar XRD, kuma faɗin fuskarsu, wanda shi ne dalilin yin aikin tun farko, sai an auna shi da gwajin BET. Madubin TEM kuɗinsa yakan kai ɗaruruwan dubban daloli, manyan ma sukan haura miliyan, kuma yana buƙatar wutar da ba ta ɗaukewa, da sanyi, da ɗakin da ba ya girgiza, da ƙwararren da ya san hannunsa. Shi ya sa ɗalibai da yawa suke ƙunshe hodarsu su aika wata jami'a ko wata ƙasa, su biya kuɗin kowane samfur daga aljihunsu, su zauna jiran hoto na makonni ko watanni. Illar wannan ta wuce ɓata lokaci. Ƙera kayan nano sana'a ce ta gwadawa da gyarawa: a haɗa, a duba, a sauya zafi ko yawan sinadari, a sake haɗawa, a sake dubawa. Wadda ba za ta iya duba aikinta ba sai sau ɗaya ko biyu a tsawon digirinta ba ta sami damar koyon sana'ar ba, ko da ta fita da takardar shaida.

Daga wannan ƙarancin ne aka sami irin binciken da ya cika ɗakunan karatunmu, inda ake dafa ganyen dogon yaro ko zogale ko wani tsiro, a zuba ruwansa cikin gishirin azurfa, a ga launi ya koma ruwan ƙasa, a auna hasken da ruwan ke sha a ga ya fi yawa a zangon haske na kusan nanomita 400, sannan a gwada cire shuɗin rinin metilin daga tataccen ruwa a ce an yi nasara. Wannan gwaji yana da kyau ga mai koyo, kuma ban raina shi ba. Abin da ke damuna shi ne an maimaita shi da ɗaruruwan ganyaye ba tare da an amsa tambayoyin da ke da nauyi ba: shin ƙwayoyin za su yi aiki a ruwan majema na gaske, wanda ke cike da gishiri da farar ƙasar da ake cire gashin fata da ita da maiƙo? Ta yaya za a cire su daga ruwan bayan sun gama, alhali azurfa kanta guba ce ga kifi? Kuma nawa lita ɗaya za ta ci idan aka kwatanta da alam ko gawayin da aka sarrafa, waɗanda ake samu a kasuwa?

Awo ma yana da nasa buƙatun, sai dai sun fi kusa da hannu. Na'urar AAS, wadda ke auna ƙarafa ta hanyar fesa ruwan cikin harshen wuta, tana nan a jami'o'i da cibiyoyi da dama, kuma a Zariya akwai Cibiyar Bincike da Horarwa kan Makamashi ta Jami'ar Ahmadu Bello, wadda ƙaramin injin nukiliyarta na bincike ya fara aiki a 2004 kuma ake amfani da shi wajen gano sinadaran da ke cikin ƙasa da duwatsu da tsirrai. Duk da haka dole ɗaliba ta san iyakar abin da ke hannunta. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa iyakar dalma a ruwan sha a maikurogiram 10 cikin lita ɗaya, haka ma asanik, kuromiyom kuma 50. AAS mai harshen wuta ba ta iya ganin dalma da tabbaci a wannan ƙaramin mataki. Sai wadda ke da murhun girafait ko kuma na'urar ICP-MS, wadda ke shan iskar argon mai tsada. Saboda haka wannan fanni ma yana da nasa tarin kundayen da ba su da amfani, inda aka auna ƙarafa biyar a wani kogi sau ɗaya, ba a yi gwajin kwalbar tataccen ruwa zalla ba, ba a gwada na'urar da samfurin da aka riga aka san adadinsa ba, aka jera lambobi aka ce sun wuce iyaka. Bambancin shi ne gyaran wannan rauni yana hannun ɗalibar, domin tarbiyyar aiki yake buƙata fiye da kuɗi, alhali raunin ɗaya fannin ba ya gyaruwa sai da na'urar da ba ta da ita.

Idan tambayar ita ce wanne ne ya fi taɓa rayuwar mutane nan kusa, abin da ya faru a Zamfara a 2010 ya isa shaida. A farkon shekarar ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF suka lura da yara suna mutuwa da jijjiga a ƙauyukan ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum, ana yi musu maganin zazzaɓin cizon sauro ba sa tashi. Awo ne ya warware matsalar: jinin yaran cike yake da dalma, wadda ta fito daga duwatsun zinariya da ake daka da niƙawa a cikin gidaje. A ƙauyuka biyu da aka yi bincike mai zurfi, kashi ɗaya cikin huɗu na yara 'yan ƙasa da shekara biyar sun rasu a cikin shekara guda, kuma kashi 97 cikin ɗari na waɗanda aka gwada suna da dalmar da ta kai matakin buƙatar magani. Da na'urar XRF ta hannu, mai auna ƙarafan da ke cikin ƙasa nan take, aka riƙa bin tsakar gidaje, inda a wasu wuraren aka sami dalma fiye da kashi 100,000 cikin miliyan, alhali ma'aunin Amurka na wancan lokaci ga wurin wasan yara 400 ne. Aƙalla yara 400 ne suka rasu. Abin da ya tsayar da mutuwar shi ne kankare saman ƙasar tsakar gida a zuba sabuwa, da fitar da niƙa daga cikin gari, da ba yara maganin da ke jawo dalma daga jini. A 2015 irin wannan ta sake aukuwa a Shikira ta jihar Neja, inda yara 28 suka rasu. A Tibiri kuwa, kusa da Maraɗi, ruwan rijiyar burtsatse da aka fara sha a tsakiyar shekarun 1980 yana ɗauke da fuloraid da ya wuce iyakar miligiram 1.5 a lita sosai, kuma an shafe fiye da shekara goma yana lalata haƙora da ƙasusuwan yara kafin a ɗauki mataki. A duka wuraren nan abin da aka rasa da farko shi ne mutumin da zai auna da wuri kuma a yarda da lambarsa.

Wannan ba ya nufin kayan nano ba su da abin bayarwa, kuma rayuwar Vicki Colvin ta nuna iyakar abin da hanyar farko ke iya kaiwa idan an sami wurin da ya dace. Ta yi digirin digirgir a Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley a ƙarƙashin Paul Alivisatos, tana aiki a kan ƙananan lu'ulu'un da ake kira ɗigon kwantum, irin waɗanda binciken su ya jawo wa wasu masana uku kyautar Nobel a 2023. Ta koma Jami'ar Rice a Texas a 1996, kuma daga 2001 ta jagoranci wata cibiya da aka kafa domin nazarin kayan nano a jikin halittu da muhalli, tana cikin na farko da suka dage cewa dole a binciki illar waɗannan ƙwayoyi kafin su cika kasuwa. A 2006 ita da abokan aikinta suka wallafa a mujallar Science cewa ƙwayoyin wani nau'in tsatsar ƙarfe masu girman nanomita 12 suna kama asanik a ruwa, kuma ƙaramin maganaɗisu ya isa ya janye su tare da gubar. Binciken ya tsaya ne a kan iya sarrafa girman ƙwayoyin daidai, abin da ba zai yiwu ba sai da madubin da ke kusa da hannu kullum. Daga baya an kai fasahar gwaji a Guanajuato ta ƙasar Meziko. Amma a Bangaladash, inda asanik ya addabi miliyoyin masu shan ruwan rijiya, matakin da ya fi yaɗuwa shi ne gwada rijiyoyi ɗaya bayan ɗaya, a shafa wa mai guba jan fenti, mai kyau kuma kore. Tazarar da ke tsakanin kwalbar gwaji da randar gida tana da tsawo, kuma wadda za ta bi wannan hanya ta shirya cewa amfanin aikinta yana iya zuwa bayan shekaru masu yawa, wataƙila ta hannun wasu.

Omowunmi Sadik ta shigo ta ɗaya ƙofar. An haife ta a Legas a 1964, ta yi digirinta na farko da na biyu a Jami'ar Legas, ta sami digirin digirgir a Jami'ar Wollongong ta Ostareliya a 1994, sannan ta yi shekara biyu tana bincike a Hukumar Kare Muhalli ta Amurka kafin ta fara koyarwa a Jami'ar Binghamton a 1996. Tushenta awo ne, musamman ƙera ƙananan na'urorin gano sinadarai, kuma daga nan ta ɗauko kayan nano a matsayin kayan aiki. Ɗaya daga cikin ayyukan ɗakin gwajinta shi ne amfani da ƙwayoyin ƙarfen faladiyom wajen mayar da kuromiyom mai lamba shida, wanda ke jawo ciwon daji, zuwa mai lamba uku, wanda illarsa ta fi sauƙi nesa ba kusa ba. Duk wanda ya san masana'antun jima na Challawa da Sharaɗa da Bompai a Kano, waɗanda ke jeme fata da gishirin kuromiyom, zai ga inda irin wannan sani ke da amfani, kuma zai ga cewa matakin farko shi ne iya bambance nau'o'in biyu a cikin ruwan da ke fita. Tana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar masana kan ɗorewar fasahar nano, kuma a 2016 Nijeriya ta ba ta lambar yabo ta ƙasa kan ƙwazon ilimi. Tebello Nyokong kuwa, wadda ta yi kiwon tumaki tana yarinya a Lesotho kuma ta sami digirin digirgir a Kanada a 1987, ta nuna cewa ana iya yin nano mai inganci ba tare da barin Afirka ba. Tun 1992 take Jami'ar Rhodes a Afirka ta Kudu, tana haɗa wani dangin rini da ƙwayoyin nano domin maganin daji da haske da kuma gano gurɓata, kuma ta karɓi kyautar L'Oréal da UNESCO a 2009. Sai dai ɗakin gwajinta shekaru da yawa aka ɗauka ana tara masa na'urori, da tallafin gwamnatin ƙasar.

Akwai kuma abubuwan da suka shafi mace musamman, waɗanda ba a cika faɗa a ofishin malami ba. Na farko lafiya ce, musamman lokacin juna biyu da shayarwa. Mai ƙera nano tana hulɗa da busasshiyar hoda mai tashi cikin iska ta shiga huhu, da ruwayen narkarwa irin su DMF da aka san suna cutar da ɗan tayi. Mai awo kuwa tana dafa ƙasa cikin cakuɗen asid mai ƙarfi, tana kuma riƙe ruwan dalma da zaiba da magungunan ƙwari, kuma dalma tana ratsa mahaifa ta isa ga jariri. Babu wadda ta tsira a cikinsu, don haka tambayar da za a yi ita ce ko akwatin zuƙe hayaƙi na ɗakin yana aiki da gaske, kuma ko malamin zai yarda a sauya jadawalin aiki idan ciki ya zo. Hijabi ba ya hana ko ɗaya, matuƙar an zaɓi gajere na auduga aka cusa shi cikin rigar gwaji, nesa da wuta da abin da ke juyawa. Na biyu lokaci ne. Aikin nano ana iya tsara shi da safe a tashi da la'asar, ko da yake gasa hoda a murhu na sa'o'i yana lalacewa idan wuta ta ɗauke a tsakiya. Awon muhalli kuwa bawan yanayi ne: binciken kogi yana son samfurin damina da na rani, kuma wadda haihuwa ko rashin lafiya ta hana ta fita a watan Agusta sai ta jira wata shekara. Ga kuma matsalar tsaro, wadda ta rufe yawancin yankunan haƙar zinariya ga mai bincike a yanzu.

Amma a fili mace tana da wata dama da namiji ba shi da ita, kuma ina ganin ba a ba ta muhimmancin da ya dace. Gubar da ta fi kashe yara a cikin gida take: a turmin da aka daka dutse aka koma daka hatsi, a ƙurar tsakar gida, a randa, a tukunyar girki da aka ƙera da tarkacen ƙarfe, a kwalli da hodar shafawa. Gidan da aka rubuta wa "ba shiga" namiji baƙo yana tsayawa ne a zaure, ya karɓi abin da aka miƙo masa. Mace kuwa za ta yi sallama ta shiga, ta zauna a tabarma, ta ga inda yaro ke rarrafe da abin da yake kaiwa baki, ta tambayi uwar gida da harshen da za ta saki jiki. Samfurin da aka ɗauka daga daidai wurin da yaro ke wasa ya fi goma da aka ɗauka a ƙofar gida.

Ta fuskar samun aiki, awo ya fi faɗin kasuwa a gida. Hukumar NAFDAC, da NESREA mai kula da dokokin muhalli da aka kafa a 2007, da NOSDRA mai kula da malalar mai, da hukumomin ruwa na jihohi, da kamfanonin siminti da lemon kwalba da ruwan leda, da masu rubuta rahoton tasirin ayyuka ga muhalli wanda dokar 1992 ta wajabta, duk mai awo suke nema, musamman wadda ta san ƙa'idar ISO 17025 ta ingancin ɗakin gwaji kuma ta yi rajista da cibiyoyin sana'a irin su ICCON ko IPAN. Lokacin da Tarayyar Turai ta dakatar da shigar da busasshen wake daga Nijeriya a 2015, dalilin shi ne ragowar sinadarin daikulobos, wanda ke cikin fiya-fiyar da ake zubawa a buhu, kuma buɗe irin wannan ƙofa sai da ɗakunan gwajin da ƙasashen waje suka yarda da sakamakonsu. Mai ƙera nano kuwa kusan jami'a ce ko cibiyar bincike makomarta a nan, domin masana'antun batir da fenti da allunan waya da ke ɗaukar irinta suna ƙetare. A ɗaya ɓangaren, ita ce ta fi saurin wallafa takardu a mujallun duniya da samun gurbin karatu a waje, domin fannin yana da kasuwa a wurin masu ba da tallafi, kuma ga mai neman ƙarin girma a jami'a wannan ba ƙaramin abu ba ne. Tallafi irin na Faculty for the Future na gidauniyar Schlumberger, da na ƙungiyar OWSD ta mata masana kimiyya, da na TETFund ga malaman manyan makarantun gwamnati, duk suna karɓar fannonin biyu, sai dai a karanta sharuɗɗan ƙasashen da suka cancanta kafin a ɓata lokaci.

Ra'ayina shi ne, ga wadda za ta yi digiri na biyu a gida da kuɗin iyayenta ko na mijinta ko albashinta, ta fara da awo, ta koye shi har ya zama lambarta abin dogaro ce. Dalilina shi ne mai awo tana iya shiga nano daga baya da ƙafar dama, kamar yadda Sadik ta yi, domin duk wani iƙirari cewa wata hoda ta cire kashi kaza na guba a kan awo yake tsaye. Wadda ta fara da nano a wurin da babu na'ura kuwa tana iya fitowa ba ta ƙware a ko ɗaya ba. Amma wadda ta sami gurbi a ɗakin gwajin da ke da TEM da XRD a hannu, a Afirka ta Kudu ko Masar ko Turai ko Asiya, kuma abin da ke faranta mata rai shi ne gano dalilin da ya sa abu ya sauya hali idan ya ƙanƙance, kada ta yi jinkiri, domin irin wannan horo ba a samun sa a littafi. Abin da zan roƙe ta shi ne ta tafi da matsalar gida a zuciyarta, ta gwada ƙwayoyinta a ruwan da ya yi kama da na Challawa ko na Tibiri, ta kuma sa gawayin ƙashi ko alam a gefe a matsayin abokin gasa.

Ba a fafe gora ranar tafiya, don haka kafin ta karɓi kowane gurbi ya kamata ta je ɗakin gwajin da ƙafarta. Ta nemi ganin littafin da ake rubuta amfani da na'ura, ta duba ranar ƙarshe da aka kunna ta, domin na'urar da ke lulluɓe da leda tana jiran wani ƙaramin ƙarfe daga waje tamkar babu ita ce. Ta tambaya ko ɗalibai ne ke sarrafa ta da hannunsu ko kuwa miƙa samfur suke yi a ba su takarda, wa ke sayen iskar gas da man janareta, kuma shekara nawa ɗaliban malamin uku na baya suka ɗauka kafin su gama. Sannan ta keɓe da wata ɗaliba mace da ke wurin, bayan malamin ya fita, ta tambaye ta yadda aka yi da wadda ta haihu a tsakiyar bincikenta.